GREGOR MENDEL: ƊAN MANOMIN DA YA GANO KAN GADON HALITTA

Ran 6 ga watan Janairu, 1884, wani limamin cocin Katolika mai suna Gregor Mendel ya rasu a birnin Brno, wanda a lokacin yake ƙarƙashin daular Ostiriya, yanzu kuwa yana cikin Jamhuriyar Cek. Jama'a da yawa sun raka gawarsa, domin kuwa sanannen mutum ne a garin. Shi ne shugaban babban gidan ibada na Waliyyi Toma, ya yi shekara 14 yana koyarwa a makarantar sakandare, ya riƙe shugabancin wani banki, kuma ya daɗe yana auna ruwan sama da zafi da iskar garin yana rubutawa. Amma a cikin waɗanda suka tsaya bakin kabarinsa da wuya a sami wanda ya ɗauki wata ƙasida mai shafi 45 da ya buga shekara 18 kafin rasuwarsa a bakin kome. Wannan ƙasida ita ce yau masana kimiyya na duniya suke ɗauka a matsayin tushen ilmin gadon halitta, wato ilmin da ke bayyana yadda 'ya'ya suke ɗauko kamanni da halaye na jiki daga iyayensu, ko mutane ne, ko dabbobi, ko tsirrai.

An haife shi a watan Yuli, 1822, a wani ƙauye da Jamusawa suke kira Heinzendorf, a yankin Silesiya. Sunan yankansa Johann. Mahaifinsa Anton ƙaramin manomi ne, irin waɗanda dokar zamanin ta ɗora wa yi wa mai ƙasa aikin tilas kwana uku a kowane mako, sauran kwanakin su nemi abin kansu. A gonar gidansu ne yaron ya koyi kula da itatuwa masu 'ya'ya da kuma kiwon zuma. Da malaman ƙauyen suka ga ƙwazonsa, sai suka ba da shawara a tura shi gaba, ya shiga babbar makarantar garin Troppau a 1834.

Karatun bai zo da sauƙi ba. Wajen 1838 wani gungumen itace ya faɗo wa mahaifinsa, ya ji masa raunin da ya hana shi aikin ƙarfi, kuɗin makaranta ya yanke. Yaron yana ɗan shekara 16 ya koma koyar da 'yan'uwansa ɗalibai don ya sami na abinci. Haka ya lallaɓa ya gama, ya wuce cibiyar nazarin falsafa ta Olomouc a 1840, inda yunwa da damuwa suka kwantar da shi har ya yi asarar shekara guda a gida. Wadda ta cece shi ita ce ƙanwarsa Theresia, wadda ta sadaukar da wani kashi na kuɗin da aka tanadar mata na aure don ya ƙarasa karatu. Bai manta da wannan alheri ba. Daga baya da hali ya samu, shi ya ɗauki nauyin karatun 'ya'yanta maza uku, biyu daga cikinsu suka zama likitoci.

A 1843, bisa shawarar malaminsa na kimiyya, Friedrich Franz, ya shiga gidan ibada na Waliyyi Toma a Brno, aka raɗa masa suna Gregor kamar yadda al'adar gidan take. Shi da kansa bai ɓoye ba cewa gajiya da faɗi-tashin neman abin kai wa baki tana cikin abubuwan da suka kai shi can. Sai dai kuma ya faɗa hannu nagari. Gidan yana da babban ɗakin karatu da lambu, kuma shugabansa, Cyrill Napp, mutum ne mai son bincike. Arzikin Brno a wancan zamani ya dogara ne a kan masaƙun ulu, saboda haka masu kiwon tumaki na yankin kullum cikin muhawara suke a kan yadda za a haɗa rago da tunkiya a sami gashi mai laushi wanda ba zai lalace ba a zuriya ta gaba. Napp yana cikin masu halartar irin waɗannan tarurruka, kuma ya sha nuna cewa matsalar ba za ta warware ba sai an san abin da ake gada da kuma yadda ake gadonsa.

YA FAƊI JARRABAWA SAU BIYU

An naɗa Mendel limami a 1847, aka ba shi aikin ziyartar marasa lafiya a asibiti. Ganin wahalar mutane ya fi ƙarfin zuciyarsa, har shi ma ya kwanta. Napp ya lura cewa wannan aiki ba nasa ba ne, ya tura shi koyarwa na riƙon ƙwarya a garin Znaim a 1849. Ɗalibai suka so shi, hukumar makaranta ta ƙarfafa masa gwiwa ya zauna jarrabawar samun takardar shaidar malanta. Ya zauna a 1850, ya faɗi, kuma inda ya fi yin rauni shi ne fannin nazarin dabbobi da duwatsu. Maimakon a yi watsi da shi, sai Napp ya biya masa ya tafi Jami'ar Biyana daga 1851 zuwa 1853. A can ya yi karatu wurin Christian Doppler, mashahurin masanin kimiyyar lissafi da motsi, da kuma Franz Unger, masanin tsirrai. Wurin na farko ya koyi yadda ake shirya gwaji a auna sakamakonsa da alƙaluma, wurin na biyu kuma ya koyi yadda ƙwayoyin jikin tsiro suke haihuwa. Haɗuwar waɗannan ilmi biyu a kan mutum ɗaya abu ne da ba a cika samu ba a wancan lokaci.

Ya dawo Brno ya kama koyarwa a 1854. Ya sake neman takardar malanta a 1856, wannan karon ma bai samu ba, ya komo gida ba shi da lafiya. Har ya bar aikin koyarwa yana matsayin malamin riƙon ƙwarya ne, mai ƙaramin albashi. To, a wannan shekara ta faɗuwarsa ta biyu ne ya fara aikin da ya ɗaukaka sunansa.

Abin da ake tsammani a wancan zamani shi ne halin uba da na uwa suna gaurayewa ne a jikin ɗa kamar yadda ake dama fura da nono, in an dama kuwa ba mai iya raba su. Amma kowane makiyayi da kowace kaka sun san akwai abin da wannan bayani bai kama ba, domin sau da yawa jika yakan ɗebo kamannin kakansa waɗanda ba a gani a jikin uba ko uwa ba. Hausawa suna cewa barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, kuma haka ne, sai dai karin maganar bai faɗi dalilin da ya sa wani lokaci fararen awaki biyu suke haifar baƙi ba. Wannan tambaya ce Mendel ya ɗauka ya shiga da ita lambu.

Ya zaɓi wani irin wake na ƙasashen sanyi da ake kira fis, mai zagayayyun ƙwayoyi. Dalilin zaɓen kuwa shi ne furen wannan wake a rufe yake, shi yake yi wa kansa barbara, saboda haka iska ko ƙwari ba sa saurin kawo masa garin furen wani. Ya sayo iri 34 daga wurin masu sayar da iri, ya shekara biyu yana shuka su kawai don ya tabbatar kowanne yana haifar irin kansa ba tare da sauyi ba, sannan ya tsayar da 22. Daga cikinsu ya ware siffofi bakwai waɗanda kowace take da fuska biyu rak, babu tsaka-tsaki, kamar ƙwaya mai sulɓi ko mai tamoji, rawaya ko koriya, dogon kara mai ƙafa shida zuwa bakwai ko gajere wanda bai wuce ƙafa ɗaya da rabi ba. Filin da ya yi yawancin aikin bai fi mita 35 a tsawo da mita 7 a faɗi ba. Yakan buɗe fure tun bai nuna ba, ya cire sassan namiji da ɗan hantsaki, ya shafa masa garin furen da ya ɗebo daga wani tsiro, fure bayan fure. Har ma ya ajiye wasu tukwane a ɗakin gilashi don ya gwada ko wani ƙwaro mai huda wake yana ɓata masa lissafi a waje. Shekara takwas ya yi a haka, daga 1856 zuwa 1863, ya shuka tsirrai kimanin 28,000.

UKU DA ƊAYA

Da ya haɗa mai sulɓi da mai tamoji, 'ya'yan farko duka suka fito masu sulɓi, kamar tamojin ya ɓace. Da ya bar waɗannan 'ya'ya suka yi wa kansu barbara, sai ga tamoji ya dawo a jikoki, cif yadda yake a wurin kakansu, bai ragu ba bai gauraya ba. Wasu masu bincike kafin Mendel sun ga irin wannan, sun rubuta, sun wuce. Bambancinsa da su shi ne shi ya zauna ya ƙirga. A cikin ƙwayoyi 7,324 ya sami masu sulɓi 5,474, masu tamoji 1,850. A cikin 8,023 ya sami rawaya 6,022, koraye 2,001. A cikin tsirrai 1,064, dogaye 787 ne, gajeru 277. Duk siffar da ya duba a cikin bakwai ɗin, lissafin yana komawa kusan uku da ɗaya.

Daga nan ya fitar da bayaninsa. Kowane tsiro yana ɗauke da ƙwayoyin gado biyu na kowace siffa, ɗaya daga uba, ɗaya daga uwa. Ba sa narkewa cikin juna. In sun saɓa, ɗaya tana rinjaye ta bayyana, ɗayar kuma ta lafe tana nan daram. Idan tsiron ya zo haihuwa, sai biyun su rabu, ya ba kowane ɗa guda ɗaya kawai, wadda sa'a ta faɗa kanta. Saboda haka in iyaye biyu kowanne yana ɗauke da mai rinjaye da lafaffiya, hanyoyin haɗuwa huɗu ne, kuma a ɗaya kaɗai lafaffu biyu suke gamuwa su bayyana. Bai tsaya nan ba, ya sake shuka masu sulɓin nan don ya ga abin da suka ɓoye. A cikin tsirrai 565, guda 193 ne suka haifi masu sulɓi zalla, 372 kuwa suka haifi iri biyu, wato ɗaya da biyu, daidai yadda bayaninsa ya nuna. Da ya bi siffofi biyu a lokaci ɗaya, sulɓi da launi, ya ga kowace tana bin hanyarta ba ruwanta da ɗayar.

Mai karatu a ƙasar Hausa ya san wannan lissafi ko da bai taɓa jin sunan Mendel ba. Shi ne lissafin da likitoci suke yi wa masu niyyar aure game da cutar sikila. Idan namiji da mace duka suna da jini nau'in AS, su kansu lafiyarsu ƙalau, amma a kowane ciki akwai yiwuwar kashi ɗaya cikin huɗu a haifi mai SS. Inda mutane suke kuskure shi ne zaton cewa in an haifi 'ya'ya huɗu lalle ɗaya ne kawai zai kamu. Ba haka ba ne, kowane ciki da tasa sa'ar. Mendel ya ga wannan a wakensa, domin akwai tsiron da ya ba shi masu sulɓi 43 da masu tamoji 2, wani kuma 14 da 15. Sai an tara dubbai ne lissafin yake daidaita, kuma abin da ya sa ke nan ya ƙi gamsuwa da 'yan tsirrai kaɗan.

Ran 8 ga Fabrairu da ran 8 ga Maris, 1865, ya karanta sakamakon aikinsa gaban ƙungiyar masu nazarin halitta ta Brno, mutum wajen 40 suna saurare. A 1866 aka buga shi a mujallar ƙungiyar, da take mai ma'anar Gwaje-gwaje a Kan Barbarar Tsirrai. An aika da mujallar zuwa cibiyoyin ilmi fiye da 100, shi kuma ya karɓi kofe 40 nasa na kansa ya rarraba wa masana. Littattafan lokacin sukan zo da bakin shafukansu a manne, sai mai karatu ya sa wuƙa ya yanke. Daga baya an sami aƙalla ɗaya daga cikin kofen da ya aika ba a ko yanke shi ba.

Wanda ya kula shi sosai shi ne Carl Nägeli na Jami'ar Munik, ɗaya daga cikin manyan masana tsirrai na Turai, kuma da bai kula shi ba da ya fi. Nägeli bai gamsu da lissafin ba, ko da yake Mendel ya aika masa da ƙunshin iri don ya gwada da kansa. Sai ya ƙarfafa masa gwiwa ya koma kan wata ciyawa mai ƙananan furanni, wadda shi Nägeli yake nazari. Mendel ya shafe shekaru yana fama da furanninta da madubi da allura har idanunsa suka soma ciwo, amma lissafin uku da ɗaya ya ƙi fitowa. Sai a farkon ƙarni na 20 aka gano dalili, ashe wannan ciyawa takan yi iri ba tare da barbara ba, ɗan ya fito sak uwarsa. Babu tsiron da ya fi ta rashin dacewa da irin wannan gwaji. A 1884 Nägeli ya buga babban littafi a kan gado, bai ambaci Mendel ko sau ɗaya ba.

Akwai kuma wani abin takaici. Charles Darwin na Ingila, wanda littafinsa na 1859 a kan asalin jinsunan halittu ya girgiza Turai, ya rasa gamsasshen bayanin yadda gado yake aiki, kuma masu sukarsa sun kama shi a nan, suna cewa in halaye gaurayewa suke yi, to duk wani sabon hali mai amfani zai tsinke ya ɓace cikin 'yan zuriyoyi. Amsar tana cikin ƙasidar Mendel. Mendel ya karanta littafin Darwin a fassarar Jamusanci, har ya yi alamomi a gefen shafukansa, amma babu wata shaida cewa Darwin ya karanta nasa har ya rasu a 1882.

KUJERA TA CINYE BINCIKE

Napp ya rasu a 1867, kuma a watan Maris, 1868, aka zaɓi Mendel ya gaje shi. Ya yi zaton zai sami ƙarin lokacin bincike, sai abin ya zama akasin haka. Gonaki da gidajen haya da kwamitoci da wasiƙun hukuma suka yi masa rubdugu, abin da duk ma'aikacin da aka ɗauke daga fagen sana'arsa aka ɗora kan tebur zai gane. Ya ci gaba da kiwon zuma da auna yanayi, har ya rubuta bayani mai kyau a kan wata guguwa da ta afka wa Brno a watan Oktoba, 1870, amma zancen wake ya ƙare.

A 1874 gwamnati ta kafa dokar da ta ɗora wa gidajen ibada haraji mai nauyi. Mendel ya ce dokar ba ta bisa ƙa'ida, ya ƙi biya. Sauran shugabannin gidajen ibada suka sassauta ɗaya bayan ɗaya, shi kuwa ya kafe, gwamnati ta riƙe wasu kuɗaɗen shigar gidan, ya yi ta rubuta takardun ƙara har ƙarshen ransa. Rigimar ta ci kusan shekara goma, ta raba shi da abokai, ta mai da shi mai yawan zargi. Ciwon ƙoda ya kama shi, ya rasu yana da shekara 61. Bayan rasuwarsa aka sasanta da gwamnati, aka kuma ƙone yawancin takardunsa, abin da ya sa littattafan da ya riƙa rubuta ƙidayar lambunsa ba su iso ga masana ba.

Shekara 16 bayan haka, a 1900, masana uku da suke aiki dabam-dabam, Hugo de Vries a Holan, da Carl Correns a Jamus, da Erich von Tschermak a Ostiriya, suka buga sakamakon da ya yi daidai da nasa, suka kuma ambaci ƙasidarsa. Correns, wanda ya fi tsayawa a kan a ba Mendel haƙƙinsa, ɗalibin Nägeli ne. A Ingila William Bateson ya sa aka fassara ƙasidar a 1901, ya zama babban mai kare ta. Cikin 'yan shekaru aka tabbatar da dokokin a kan kaji da ɓeraye da masara da mutane, masu inganta iri kuma suka sami ma'aunin da suke aiki da shi har yau, ciki har da na cibiyar binciken aikin gona ta Samaru a Zariya. A 1910 aka kafa masa mutum-mutumi a Brno.

Ɗaukakar ba ta hana a binciki aikin ba. An gano cewa wasu siffofi sukan tafi tare domin ƙwayoyin gadonsu suna maƙwabtaka, wasu kuma, kamar tsawon mutum, ƙwayoyi masu yawa ne suke haɗuwa su samar da su, saboda haka ba sa bin lissafin uku da ɗaya. A 1936 wani masanin ƙididdiga na Ingila, Ronald Fisher, ya nuna cewa alƙaluman Mendel sun yi kusa da abin da ake tsammani fiye da yadda sa'a takan bayar. An daɗe ana muhawara a kan wannan, amma yawancin waɗanda suka bi diddigin maganar ba su sami shaidar maguɗi ba, kuma waɗanda suka sake gwajin sun sami abin da ya samu.

Siyasa ma ta taɓa shi a kabari. A 1948 gwamnatin Tarayyar Sobiyet, bisa zugar Trofim Lysenko, ta haramta koyar da ilmin Mendel, aka kori masana da yawa daga aiki. Cekoslobakiya, wadda 'yan gurguzu suka karɓi mulkinta a wannan shekara, ta bi sahu. A 1950 aka rufe gidan ibadar da ya shugabanta, daga baya aka kawar da mutum-mutuminsa daga dandalin garin. Sai a 1965, da tauraron Lysenko ya faɗi, masana daga ƙasashe da yawa suka taru a Brno don cikar ƙasidar shekara 100.

A 1990 masu bincike a Ingila suka gano ainihin ƙwayar gadon da take sa wake ya yi tamoji, wato wata naƙasa ce da take rage masa sarrafa sitaci, ya tara zaƙi da ruwa, in ya bushe ya yamushe. A 2021, ana shirin bikin cikarsa shekara 200 da haihuwa, masana na Brno suka tono kabarinsa suka karanta ƙwayoyin gadon shi kansa Mendel, sannan suka mai da shi. Ita kuwa ƙasidar da ya rubuta da hannunsa, ta ɓace a ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu, ta ɓulla a Jamus bayan shekaru masu yawa, kuma a 2012 aka mai da ita gidan ibada na Waliyyi Toma, inda aka buɗe gidan tarihi da sunansa a gefen lambun da ya shuka waken.